Yadda Ake Kashe Game Mode a Waya: Tambayoyi da Amsoshi

Tambayoyin nan su ne suka fi maimaituwa a bakin masu buga gem a waya, da ma waɗanda ba ruwansu da gem amma wani ɗan akwati da ke leƙowa daga gefen sikirin ya ishe su. Sunayen wuraren da za ka taɓa na bar su da Turanci yadda suke a cikin wayar, don in na fassara su ba za ka gan su ba. Kuma kamfanonin nan kusan duk afdet sai sun matsar da abu daga inda yake, to in ka duba ba ka gani ba, shiga Settings ka rubuta game a wurin bincike na sama, zai fito maka.

Wai mene ne ma wannan game mode ɗin, kuma wa ya kunna min shi?

Ba wanda ya kunna maka, da shi wayar ta zo daga kamfani. Wata manhaja ce da ke zaune tana jira, da zarar ta ga ka buɗe abin da ta ɗauka gem ne sai ta tashi ta kama aiki, ta kori wasu manhajojin da ke aiki ta ƙarƙashi don gem ɗin ya samu RAM, ta danne saƙonni, wani lokaci har kira, sannan ta ƙara wa furosesa, wato ƙwaƙwalwar wayar, wuta ko ta rage masa. Kowane kamfani da sunan da ya raɗa masa: Samsung Game Booster, Xiaomi da Redmi da Poco Game Turbo, Vivo Ultra Game Mode, Tecno da Infinix Game Mode, iPhone ma ta shigo da nata Game Mode a iOS 18 da ya fito a 2024.

Amma ga inda mutane ke ruɗewa, kuma in ka gane wannan sauran amsoshin duk za su yi maka sauƙi. Abu biyu ne ake kira da suna ɗaya. Akwai na fili, wanda kake gani, mai ɗan akwatin nan da ke toshe kira da saƙo ya kuma ce zai ƙara maka gudu. Sannan akwai na ɓoye, wanda ba shi da hoto a fuskar waya, aikinsa ya riƙa lura da zafi da batir yana rage ƙarfin furosesa tun kafin wayar ta ɗau zafi. Na farkon totur ne, na biyun birki. Wanda ya ce yana son kashe game mode, sai an fara tambayarsa wanne daga ciki yake nufi.

In na kashe shi wayata za ta samu matsala?

Na filin, ko kaɗan. Kashe abinka, gem zai buɗe yadda ya saba, kuma duk ranar da ka ga dama ka mayar. Na ɓoyen ne ke da magana, duba amsar GOS da ta ADB a ƙasa kafin ka taɓa shi.

To me zai sa mutum ya kashe abin da aka yi don a taimaka masa?

Dalilin da ya fi yawa kira ne. Ni kaina abin da ya sa na fara bin diddigin wannan abu ke nan: wata ranar Juma'a da yamma ina kwance a ɗaki ina buga ƙwallo a waya, wasa uku a jere, ina fitowa na tarar da kiran Hajiya har huɗu, wayar tana hannuna amma ko motsi ba ta yi ba. Da na kira ta abin da ta fara cewa shi ne, “Kai yanzu ka fi ƙarfin ka ɗaga wayata ko?” Ta ina zan fara yi mata bayanin wai wata manhaja ce ta yanke hukuncin kada a dame ni? Haƙuri kawai na ba ta. Ka ɗauka mai POS ne ko mai sayar da kaya ta WhatsApp, yana ɗan rage lokaci da Ludo kafin kwastoma ya zo, alat ya shigo bai gani ba.

Sauran dalilan: akwatin yana fitowa daidai inda babban yatsa ke bi, kana tsaka da harbi a Free Fire ko PUBG Mobile ka jawo shi ba da niyya ba. Wasu wayarsu na zafi da cin caji saboda an bar ta a kan matakin gudu mafi girma alhali Candy Crush kawai suke yi. Wasu kuma akasin haka, sun sayi babbar waya da kuɗi mai yawa suna ganin ana riƙe mata wuya.

Tecno, Infinix ko itel nake riƙe da ita, ina zan shiga?

Shiga Settings, ka gangara zuwa Special function, a ciki za ka ga Game Mode. Akwai makunni a sama, kashe shi shi ke nan. In kuma ba duka kake son kashewa ba, a wannan shafin dai za ka ga jerin gem ɗin da wayar ta tattara da kanta, da zaɓin toshe kira da na saƙo, da na ɗan akwatin gefe, kowanne da makunninsa. Ni shawarata ga mai ƙaramar waya, irin mai RAM 2GB ko 3GB, ya kashe toshe kira da saƙo kawai ya bar sauran, dalilin yana cikin amsar gudu a ƙasa.

A Infinix akwai kuma XArena, a wasu Tecno Game Space, wato ɗakin da ake jera maka gem ɗinka wuri ɗaya. In ka cire gem daga cikin jerin ba goge shi ka yi daga waya ba, kar ka ji tsoro, kawai ka ce wa wayar ta daina yi masa hidima ta musamman ne.

A Samsung fa? Na duba ko'ina ban ga inda aka rubuta a kashe ba

Ba idonka ba ne, babu makunni guda da zai kashe Game Booster ɗungurungum, sai dai ka bi shi gaɓa-gaɓa. Buɗe Gaming Hub, wanda a tsofaffin wayoyi ake kira Game Launcher, ka taɓa menu ka shiga Game Booster. A nan ka nemi Game optimisation, za ka ga zaɓi uku, Performance da Standard da Battery saver. In zafi da cin caji ne damuwarka ka sauko da shi Standard ko Battery saver. Sai Priority mode, shi ne mai laifin toshe kira da sanarwa, ka tabbata a kashe yake, kuma za ka iya kashe shi ko kana cikin gem in ka buɗe akwatin Game Booster ɗin. Akwai kuma abin da ke dusashe sikirin ya kulle shi in ka ɗan ajiye wayar gem na buɗe, Touch protection, shi ma a nan ake ƙara masa lokaci.

Duk wannan na fili ne. Na ɓoyen Samsung sunansa GOS, ga shi nan tafe.

Mene ne GOS da ake ta zagi, kuma ana iya kashe shi?

Game Optimizing Service ke nan, kuma yana da tarihi. A watan Maris na 2022, jim kaɗan bayan fitowar Galaxy S22, masu amfani da wayar a Koriya ta Kudu suka gano cewa GOS yana rage ƙarfin wayar sosai in an buɗe gem, amma in aka buɗe manhajar gwajin gudu sai ya sakar mata mara ta nuna cikakken ƙarfinta. Yadda aka kama shi ma abin dariya ne: wani ya ɗauki manhajar gwaji ta 3DMark ya canza mata suna na ciki zuwa na gem ɗin Genshin Impact, yana gwadawa maki ya faɗi warwas, alhali manhaja ɗaya ce suna kawai aka sauya. Aka yi ta yaɗa wani jeri mai manhajoji kusan 10,000 ana cewa duk GOS na taɓa su, Samsung kuma ta ce gem kaɗai yake kulawa da su. Geekbench, wata manhajar gwajin gudun waya, ta cire Galaxy S22 da S21 da S20 da S10 daga jadawalinta, kuma a taron masu hannun jari na wannan watan mataimakin shugaban Samsung na lokacin, Han Jong-hee, ya fito ya ba da haƙuri. Ba Samsung ce farau ba ma, a 2021 Geekbench ta cire OnePlus 9 da 9 Pro a kan irin wannan rage ƙarfi.

Abin da ya fi ba mutane haushi shi ne daga One UI 4, wato tsarin manhajar wayoyin Samsung, an toshe dabarun da ake bi a kashe shi. Bayan hayaniyar sai kamfanin ya turo afdet da ya ƙara wani makunni: Game Booster, sannan Labs, sannan Alternate game performance management. In wayarka na da shi ka kunna, an sassauta riƙon da ake yi wa furosesa tun daga farkon wasa. A lura, kunna shi ake yi ba kashewa ba, mutane da yawa a nan suke juya abin. Kuma ko da ka kunna, in wayar ta yi zafi sosai za ta rage gudu da kanta, wannan kariyar ba a cire ta ba.

A ganina fushin da aka yi daidai ne, don ba a sayar maka da doki a ɗaure masa ƙafa a ɓoye ba tare da an faɗa maka ba. Amma laifin ɓoyewar ne, birkin kansa yana da amfani, musamman ga wanda ke zaune inda ake zafi irin namu. Duba amsar zafi.

Redmi ko Poco fa?

Game Turbo yana cikin manhajar Security da ta zo da wayar. Buɗe ta, gangara ka taɓa Game Turbo, ka taɓa alamar setin a kusurwar sama, ka kashe makunnin Game Turbo. A wannan shafin dai akwai na ɗan akwatin cikin gem da na takura sanarwa in su kaɗai suka dame ka. Na ɓoyen Xiaomi sunansa Joyose, za ka ga ana ta yaɗa bidiyo cewa a goge masa data ko a tsayar da shi gem zai tashi sama. Wani lokaci akan ga bambanci na ɗan lokaci, sai dai yakan dawo bakin aikinsa da kansa, kuma abin da na faɗa a kan GOS ya hau kansa.

iPhone ɗina na rubuta Game Mode a sama duk sanda na buɗe gem

Haka yake tun daga iOS 18, da kansa yake tashi. Aikinsa ya rage abin da ke gudana ta ƙarƙashi, ya kuma rage jinkirin da ake samu tsakanin waya da AirPods ko abin buga gem na Bluetooth. Ba ya toshe kira. In ba ka so, kana cikin gem ɗin ka jawo Control Center, za ka gan shi a sama, ka taɓa ka kashe. In kira ne ba ya shigowa a iPhone lokacin wasa, to Focus za ka duba, akwai wanda ake saitawa na Gaming.

Oppo, Realme, Vivo, Pixel?

Oppo da Realme: manhajar Games, wadda a da ake kira Game Space, shiga setin ɗinta ka kashe akwatin taimakon ko ka cire gem ɗin daga jeri. Vivo: Ultra Game Mode a cikin Settings. Pixel: Game Dashboard, a Settings shi ma, rubuta sunan a wurin bincike.

Na kashe amma har yanzu saƙo ba ya shigowa sai na fita daga gem

To ba game mode ba ne kaɗai. Fara duba Do Not Disturb, don a wasu wayoyin akwai ƙa'idar da ke kunna shi da kansa lokacin wasa, kuma tana nan daram ko ka kashe wancan. In ba shi ba ne, duba ko Battery saver ko Data saver na kunne, su biyun suna hana WhatsApp da manhajar banki jan data ta ƙarƙashi. Na uku, in wayar RAM ɗinta kaɗan ne, babban gem kamar Call of Duty Mobile kan cinye wurin har Android ya rufe sauran manhajoji don dole, wannan kuwa ba wani makunni da zai gyara shi sai dai ka sauke ingancin hoton gem ɗin ko ka haƙura.

In na kashe, gem zai fi gudu ko zai ƙara tsaitsayawa?

Ya danganta da wanne ka kashe da kuma irin wayarka. In na fili ne a ƙaramar waya, ba mamaki ka ga ya ɗan ƙara nauyi, don wannan share RAM ɗin da yake yi kafin wasa yana taimakawa da gaske in wurin ya yi kaɗan. A babbar waya mai RAM 8GB ko 12GB da wuya ka ji wani bambanci.

In birkin ka sassauta, ga abin da ke faruwa. Gudun gem ana auna shi da yawan hotunan da waya ke zanawa a daƙiƙa ɗaya, shi ne FPS ɗin da kake ji ana cewa 30 ko 60 ko 90 ko 120. Mintocin farko za ka ji daɗi, komai sumul, ka ce ashe cutata ake yi. Sai bayan wayar ya fara ɗumi, daga nan ya koma zafi, sai furosesa ya kai iyakar da aka gindaya masa ya ja baya da ƙarfi lokaci guda, sai ka ga hoto na tsalle-tsalle daidai lokacin da wasa ya yi zafi. Wanda ya bar birkin yana tafiya a kan matsakaicin gudu amma bai canza ba daga farko har ƙarshe. Mai wasan minti goma zai iya cin riba, mai zaman awa biyu galibi asara yake yi.

Kuma kar a ɗora wa game mode laifin netwok. In kana gudu sai ka ga an dawo da kai baya, ko ka harbi mutum bai faɗi ba sai can daga baya, kalli lambar ping, mai nuna jinkirin netwok, a kusurwa. In ta haura ta yi ja, matsalar sabis ce, ko ka kashe komai a wayar ba abin da zai canza.

Wayata tana zafi sosai in ina wasa, kashewa zai taimaka?

Sauko da shi daga matakin gudu mafi girma zai taimaka, cire birki kuwa ƙara wa wuta fetur ne. Apple da Samsung duk sun rubuta cewa an yi wayoyinsu ne don aiki a yanayin da bai wuce digiri 35 ba. To ka tuna Kano ko Sakkwato ko Maiduguri ko Yamai a watan Afrilu, inda ake haura 40 da rana, ga ba wuta balle fanka. Wato tun kafin ka buɗe gem wayar ta riga ta wuce inda aka tsara mata. Wanda ya yi bidiyon cire GOS yana zaune a ɗaki mai sanyi ne, ba yanayinku ɗaya ba.

Batirin waya ba abin da ya tsana kamar zafi, yana rage masa kwana, in abin ya yi yawa har kumbura yake yi. Na taɓa zama a rumfar wani mai gyara ina jiran a canza min wurin caji, wani saurayi ya kawo waya bayanta ya ɗaga har ana hango ciki ta gefe. Mai gyaran ya ɗora ta a kan tebur ya ɗan taɓa kusurwa, sai ga ta tana lilo kamar ƙwarya a kife, ya ɗago ya ce, “Abokina, a caji kake buga gem ko?” Yaron dariya kawai ya yi. In ka ga haka a taka wayar, daina caji, kar ka danna ta, kai ta a canza batir.

Abubuwan da ke rage zafi ba tare da kashe komai ba: cire robar da ka sa wa bayan wayar lokacin wasa, rage hasken sikirin, sauke FPS daga cikin setin gem ɗin kansa, kar ka ɗora ta a kan katifa ko filo. Kar ka saka ta a firji, raɓa za ta taru a ciki. In dole sai ka yi wasa a caji, wasu wayoyin suna da hanyar da wuta ke wucewa kai tsaye ba ta bi ta batir ba, a manyan Samsung sunanta Pause USB Power Delivery a cikin Game Booster kuma sai da caja mai PD, wato Power Delivery, a wasu Infinix kuma Bypass charging.

Na ji ana cewa da kwamfuta ana cire shi gaba ɗaya, gaskiya ne?

Eh, da ADB, wata manhajar kwamfuta da ake ba wa wayar Android umarni da ita. Ana taɓa Build number sau 7 a About phone don Developer options ya buɗe, a kunna USB debugging, a haɗa waya da kwamfuta da kebul, sannan a rubuta umarni irin wannan: adb shell pm disable-user --user 0 sai sunan manhajar na ciki. Na GOS shi ne com.samsung.android.game.gos, na Game Booster com.samsung.android.game.gametools, na Joyose com.xiaomi.joyose. Mayarwa kuma adb shell pm enable sai sunan. Ba a kowace waya yake kamawa ba, a wasu yakan dawo da kansa.

Ni dai ba na ba wa mai waya ɗaya tilo shawarar wannan. Harafi ɗaya za ka kuskure ka tsayar da abin da wayar ke buƙata. Sannan wasu manhajojin banki ba sa buɗewa in Developer options na kunne, to in ka gama ka tuna ka kashe shi. Kar kuma ka bar USB debugging a kunne ka miƙa wayar shagon caji. Root kuwa, wato karɓe cikakken ikon tsarin wayar, wani mataki ne daban, a Samsung buɗe bootloader, wato makullin tsarin wayar, yana ƙona alamar tsaro ta Knox har abada, Secure Folder ya daina aiki, kuma ba a gyarawa ko an mayar da komai yadda yake. A kan ƙarin 'yan FPS, gaskiya bai kai ba.

Yana tashi a manhajar da ba gem ba ce, yaya zan yi?

Galibi wayar na gane gem ne ta rukunin da mai manhajar ya sa ta a ciki, shi ya sa wasu manhajojin koyon karatu na yara ko na kacici-kacici ke faɗawa jerin. Ba sai ka kashe komai ba, shiga jerin da na ambata a amsar Tecno da ta Oppo ka cire ita kaɗai.

Na kashe, bayan afdet ya dawo

Yana faruwa, musamman in babban afdet ne na Android. Sake bin hanyar da ka bi da farko. Manhajojin share waya da na ƙara gudu da ake saukewa daga Play Store ma wasunsu suna da nasu akwatin gem, in ka kashe na kamfani amma wani abu na ci gaba da leƙowa, su za ka tuhuma, ka goge su kawai don yawancinsu talla ce ta cika su.

Baba ne ni, in na kashe game mode a wayar yarona zai hana shi buga gem?

A'a Baba, gem ɗin zai buɗe lafiya lau, wannan ba kwaɗo ba ne. Abin da zai yi muku amfani a nan shi ne ku kashe toshe kira don in kun kira shi ya shiga, kar ya ce bai gani ba kuma ya zama da gaskiyarsa. In iyakance lokacin wasan kuke so, a Android akwai Digital Wellbeing a cikin Settings inda ake sa wa kowace manhaja mintocinta na rana, sai dai yaro mai wayo zai iya cirewa da kansa. Wanda ya fi ƙarfi shi ne Family Link na Google, da shi daga wayarku za ku riƙa saita tasa, ku sa lokacin da za ta kulle da dare. A iPhone kuma Screen Time, ku sa masa lambar sirri daban da wadda ake buɗe wayar da ita, kuma kar ku danna ta yana tsaye a bayanku.